Dutsen Marmara a Bakin Ƙugiya

Shaho ake ce masa a wurin aikin, saboda mazauninsa. Shi ne direban kiren, dogon injin nan na ɗaga kaya da ya zarce ginin otal ɗin tsawo. Ɗakin tuƙinsa ɗan akwatin gilashi ne maƙale can sama, inda ko tsuntsu sai ya yi niyya yake zuwa. Kullum da safe yakan hau tsanin ƙarfe da gorar ruwa da kwanon abinci a jaka, ba ya saukowa sai an tashi. Daga can motoci kamar ƙwari yake ganinsu, mutane kuma hulunan kwano ne kawai masu yawo.

Tun daga tushe shi yake ciyar da ginin nan. Shi ya ɗaga rodinsa da simintinsa, shi ya ɗaga gilasan nan masu ruwan zuma da aka lulluɓe jikinsa da su, da katako mai ƙamshi na shimfiɗar ɗakuna, da bahunan wanka na dutse waɗanda sai ƙarti shida suke iya motsa ɗaya. Leburori sukan tsokane shi a oba-oba, su ce duk abin da attajirai za su taka ko su jingina da shi a otal ɗin shi ya fara ɗauka, amma ranar buɗewa ko maigadi ba zai bar shi ya leƙa ba. Yakan ce musu ba komai, ai ɗakin da za su biya su kwana a ƙasan ƙafarsa yake. Abin taƙamarsa ɗaya ne a duniya: tun da ya fara wannan aiki bai taɓa fasa kayan kowa ba.

Injiniyar da ke kula da sauke kaya a hawa na ƙarshe 'yarsa ce. Kowa ya sani, amma a bakin aiki ba sa nunawa. Ita tana ce masa Direba, shi yana ce mata Injiniya. Sai sun koma gida take zama Mamana, don sunan mahaifiyarsa ta ci.

Kayan da za a ɗaga ranar ba irin na kullum ba ne. Koren dutsen marmara ne, guda ɗaya ba haɗi, mai fararen jijiyoyi a jikinsa, tsawonsa ya kai na ƙaramar bas. Daga wata ƙasa mai nisa aka yanko shi, ya yi watanni a jirgin ruwa, kuma an ce babu irinsa na biyu. Shi za a girke a matsayin kanta a ɗakin cin abinci na ƙololuwar otal ɗin. Ba ya shiga lif, dole ta sama za a zura shi kafin a rufe rufin, ga masu rufin kuma sun yi kwanaki suna zaman jiransa.

Tun da hantsi wakilin mai otal ya hau hawa na ƙarshe, da kwat ɗinsa da sabuwar hular kwano da ba ta taɓa ganin ƙura ba. Wakili kawai ake kiransa. Yana tsaye a bayan Injiniya yana duba agogo.

Ta kalli na'urar auna iska a hannunta, ta danna oba-oba.

"Direba, iskar ba ta kai iyaka ba, amma tana zuwa tana komawa. Ina ganin mu ɗan jira."

"Jiran me kuma?" in ji Wakili. "Jiya an ce iska, shekaranjiya an ce ruwa. Mai otal ya kira ni sau uku da safen nan. Ko ta kai iyakar da doka ta ce?"

"Ba ta kai ba, ranka ya daɗe."

"To?"

Shaho yana jin su duka. Ya kalli tutar da ke kan hannun kiren ɗin, tana kaɗawa tana kwanciya.

"Injiniya, na san iskar nan," ya ce. "In muka bari rana ta yi tsaka ƙaruwa za ta yi. Yanzu ne lokacin."

Ta ce, "To. Heluma, kun gama ɗauri?"

Heluma shi ne shugaban leburorin ƙasa, dattijo mai katon ciki da murya kamar ta gwangwani. Ya ce an gama. Faffaɗan bel biyu aka zagaya wa dutsen, kuma a duk inda bel ya bi ta kan kaifin dutsen an sa roba mai kauri, don kada kaifin ya ci shi.

"Mun yi wa amarya ɗamara, Shaho. Ka ɗauke ta a hankali, sadakinta ya fi mu duka tsada."

Shaho ya ja sandar tuƙi. Igiyar ƙarfe ta miƙe, kiren ɗin ya ɗan yi ƙugi, ya ji nauyin ya hau kujerarsa kamar yadda ya saba ji. Dutsen ya bar bayan tirela.

Matsalar wannan ɗagawa ita ce ba ya ganin kayan. Tirelar ta tsaya ne ta gefen yamma, ginin da kansa ya tare masa. Igiya kawai yake gani ta sauka ta ɓace a bayan bakin rufin. Idonsa a ƙasa Heluma ne, a sama kuma 'yarsa, wadda ta ɗaure kanta da igiyar tsaro ta leƙa ta bakin ginin.

"Taho," take cewa. "Taho. Daidai. Ci gaba."

Dutsen ya wuce rabi lafiya. Ya wuce hawa na talatin. Shaho har ya sassauta kafaɗunsa, ya fara tunanin shayin da ke cikin jakarsa. Sai tutar nan ta miƙe sak, ɗakin tuƙin ya yi wani ɗan rangaji, ya ji igiyar ta karkata.

"Tsaya," ta ce.

Ya tsaya. Ta cikin oba-oba ya ji wata ƙara, kamar an buga guduma a kan ƙarfe daga nesa.

"Me ya faru?"

"Iska ta juya shi. Ya bugi ƙarfen da ke fitowa a jikin gini."

"Ya tsage?" muryar Wakili ke nan. "Dutsen ya tsage?"

Shaho yana hango Injiniya, ƙaramar halitta cikin riga mai ruwan lemo, ta kwanta rub da ciki a bakin ginin, rabin jikinta a waje.

"Direba, robar kusurwa ɗaya ta faɗi. Bel ɗin gabas yana kan kaifin dutse tsirara."

Ya san abin da kaifin marmara ke yi wa bel in akwai nauyi a kai, ga kuma iska tana lilo da shi. Kamar a ɗora zare ne a kan wuƙa a riƙa gogawa.

"Ya fara ci?"

"Ya fara. Ina ganin zarurruka suna tashi."

"Hawa nawa ya rage?"

"Biyar."

"To a shirya. Zan kawo shi yanzu."

"A'a."

Ya ɗauka bai ji daidai ba. "Injiniya, biyar ne sama. Ƙasa kuwa kusan arba'in. Bel ɗin ba zai kai ƙasa ba."

"Na sani. Ba zai kai sama ba ma, in ya kai ma ba zai jure juyi da jan igiya ba. Ka saurare ni. A ƙarƙashinsa yanzu rufin gilashin zaure ne, masu tayil suna ciki, sun fi ashirin. In ka kawo shi nan, sai mutum huɗu sun tsaya a gindinsa sun ja shi da hannu. In ya ƙwace a nan zai huda daɓen ya sauka kan masu fenti. Ka janye shi daga jikin gini, ka juya da shi kudu, kan ramin wurin ninkaya. Babu kowa can sai yashi."

"Ke, kin san abin da kike faɗa?" Wakili ya samu wata oba-oba a hannun wani, muryarsa ta cika ɗakin tuƙin. "Direba, ni ne wakilin mai wannan gini. Ka kawo dutsen nan sama. Ga shi nan ina ganinsa, hannu kawai ya rage. In ka kai shi can ya faɗi, daga kai har ita sai kun yi bayanin da ba ku taɓa yi ba."

Hannun Shaho na kan sanda, bai motsa ba. Duk abin da ya koya a rayuwarsa yana gaya masa gajeriyar hanya ita ce hanya. Ya taɓa kawo kaya da bel mai rauni, ya dire lafiya, aka yi ta yi masa kirari. Kuma juyawa kudu ba wasa ba ne. Sai ya ratsa da dutsen ta kan rumfar da leburori ke hutawa, iska tana dukansa ta gefe, kowane motsi yana ƙara goga bel ɗin. In ya bi maganarta, kusan tabbas dutsen ya tafi, a hannunsa, a gaban kowa.

"Zan iya kawo shi," ya ce. "Na sha yin wanda ya fi wannan."

"Ba ka ganinsa. Ni nake ganinsa."

"Injiniya..."

"Baba." Muryarta ta sauka ƙasa, ba rawa a cikinta. "Ya ci kusan rabi. In ka taho da shi, ni zan fara kama igiyar, don ba zan sa ɗan kowa a ƙarƙashinsa ba. Ka zaɓa."

Duk wanda ke riƙe da oba-oba a wurin ya ji.

Shaho ya goge tafin hannunsa a wando.

"Heluma," ya ce, "kwashe mutanenka daga rumfa. Ka tura wani ya fitar da masu tayil. Kada kowa ya tsaya ɗaukar komai."

"An gama," in ji Heluma, babu wasa a muryarsa yanzu.

Ya fara tura ƙugiyar waje, a hankali, kamar mai zare ƙaya daga ƙafar yaro. Dutsen ya rabu da jikin gini. Sannan ya taɓa sandar juyi. Dogon hannun kiren ɗin ya fara tafiya, ƙarafa suna kuka ƙasa-ƙasa.

"Rage," ta ce. "Yana lilo. Bar shi ya dawo. Yanzu. Tafi."

A ƙasa hulunan kwano sun watse kamar an zuba ruwa a gidan tururuwa. Yana ganin Heluma a tsakiyar fili yana wurwura hannu. Masu tayil suka fito daga zaure a guje, wani ya faɗi ya tashi, wani bai saki bokitinsa ba har ya kai bakin shinge.

Sai dutsen ya fito daga bayan gini, ya gan shi karo na farko. Yana reto a sarari, kore shar cikin rana, ya ɗan karkace gefe guda. Ko daga nan yana iya hango bel ɗin gabas, bakinsa ya yi gashi-gashi. Da ya taho da shi sama, da yanzu yana kan 'yarsa da mutanenta.

"Rumfa babu kowa?" ya tambaya.

"Saura mai shayi," in ji Heluma yana haki. "Tsohon nan ba ya ji sosai. Yana can ciki yana wanke kofuna."

"Ba zan iya tsayawa ba. In na tsaya zai yi lilo."

"Kada ka tsaya," in ji Injiniya. "Rage gudu kawai. Heluma, ka yi sauri."

Shaho ya ga katon mutumin nan ya ruga, gudun da bai taɓa tsammanin yana da shi ba, ya shige ƙarƙashin kwanon rumfar. Inuwar dutsen tana tafiya a ƙasa, ta hau tarin bulo, ta sauka, ta doshi rumfar. Ya rage gudu iyakar abin da zai iya. Iska ta sake bugowa, dutsen ya juya, ya ji wani ɗan tsalle a igiyar, alamar wasu zarurrukan sun sake tsinkewa.

Inuwar ta taɓa bakin kwanon. Heluma ya fito ta ɗaya gefen, ya saɓo tsohon a kafaɗa kamar buhun siminti, tsohon yana ta dukan bayansa da kofi.

Dutsen ya ratsa rumfar ya wuce.

"Kana kan rami," ta ce. "Sauke. Kada ka fizga."

Ya fara saukewa. Hawa bayan hawa dutsen yana wuce gilasan ginin, hotonsa yana binsa a jiki. Shaho bai san yana magana ba sai da ya ji muryarsa tana cewa, "Riƙe, ɗan halak, riƙe." Ya wuce rabi. Ya wuce tsayin itatuwan bakin titi. Ya fara tunanin watakila, watakila dai.

Saura kamar tsayin gida mai hawa uku bel ɗin ya tsinke.

Bai ji ƙarar tsinkewar ba, jikinsa ne ya ji. Dutsen ya sulluɓe daga ɗaya bel ɗin, ya tafi da ka. Hannun kiren ɗin da nauyi ya saki ya yi sama da ƙarfi, ɗakin tuƙin ya girgiza har kansa ya bugi gilashi, gorar ruwansa ta tuntsure. Sannan ƙarar ta iso, dum, mai nauyi, ta biyo ƙarfen hasumiyar har cikin haƙoransa. Yashi ya tashi ya rufe ramin.

Ya riƙe sanduna har kiren ɗin ya daina rawa. Da yashin ya kwanta, ya ga dutsen a gindin ramin, ya rabu uku.

"Heluma," muryar Injiniya, "ƙirga mutanenka."

An ɗauki lokaci. Shaho yana jin ana kiran sunaye ana amsawa.

"Kowa na nan. Mai shayi ne kawai yake zagina, wai na zubar masa da madara."

Wani ya yi dariya a oba-oba, dariyar ta katse a tsakiya.

Saukowa daga tsanin ranar ta fi kowace rana tsawo. Sai da ya riƙa zama a kowane wurin hutu. Ko da ya iso ƙasa an taru a bakin ramin. Wakili na tsaye gefe da waya a kunne, yana ta cewa "E, ranka ya daɗe," fuskarsa ta yi fari fat. Da ya gama ya nufo Injiniya. Bai ɗaga murya ba.

"Ki ajiye hularki da oba-oba a ofis. Kada ki sake shigowa nan sai kwamitin bincike ya kira ki."

"To," ta ce.

"Ni na ce a ɗaga," in ji Shaho. "Ta ce a jira, ni na ce na san iskar. Kowa ya ji."

"Ita ta ba da izini, ita ta ce a kai shi rami," in ji Wakili. "Kai direba ne. Gobe akwai gilasan rufi." Ya juya zai tafi, sai ya tsaya, ya kalli zauren da masu tayil ke zaune a bakinsa sun yi jugum. Ya daɗe yana kallo. Sannan ya wuce motarsa.

Heluma ya sauka ramin ya ɗauko guntun bel ɗin, ya naɗe shi ya sa a ƙarƙashin rigarsa. "Wannan a wurina zai kwana," ya ce, "kafin wani ya ce ɓera ne ya ci shi. Ranar kwamiti da ni za a je."

A gida, matar Shaho ta ga shigowarsu tare da rana tsaka, ta ga ƙullutun da ke goshinsa, ta ajiye tsintsiyar hannunta.

"Lafiya? Wa ya mutu?"

"Babu kowa, Umma," in ji 'yar. Tana faɗin haka ta zauna a bakin ƙofa da takalman aikinta, ta kifa kai a gwiwa, kafaɗunta suna rawa. Uwar ta durƙusa ta rungume ta tana kallon mijin, tana jiran bayani. Ya ɗebo ruwa a kofi ya miƙa wa 'yar.

Sai can da yamma, suna zaune a tsakar gida, ya yi magana.

"Mamana, da na taho da shi sama fa?"

"Ba ka taho da shi ba."

"Saura kaɗan."

"Na sani. Ina ganin ƙugiyar, ina jira in ga inda za ta motsa." Ta murza idonta. "Ni ma ai na yarda aka ɗaga. Zan faɗa musu haka."

"Zan bi ki kwamitin."

"Za su kira ka da kansu. Ka faɗi abin da ya faru kawai, kada ka ƙara don ka kare ni."

Kwamitin ya zauna bayan mako biyu. Heluma ya ajiye guntun bel a kan tebur, masu tayil suka aiko da mutum uku ba tare da an gayyace su ba. Ba a kore ta ba, amma mai otal ya ce ba ya son sake ganinta a gininsa, sai kamfani ya mayar da ita wani aikin gada a bayan gari, tafiyar bas biyu daga gida. An kafa sabuwar doka cewa ba a ƙara ɗaga kaya mai kaifi sai an ɗaure robar kusurwa da waya. Kantar ɗakin cin abincin kuwa da katako aka yi ta.

Gutsattsarin dutsen sun yi wata guda a gindin ramin, an rufe su da tamfol, ana jiran masu inshora. Daga baya aka kawo masu yanka suka mayar da su ƙananan fale-fale, za a shimfiɗa a banɗakunan hawa na sama. Shaho ne ya ɗaga su, a cikin akwatunan katako. Sabon injiniyan da aka kawo saurayi ne mai yawan magana a oba-oba, yana ta ce masa ya ƙara gudu, kayan ba su da nauyi. Shaho ya ce masa ya ji, ya ci gaba da tafiya a yadda yake tafiya.